Kawu Ya Tsufa a Bakin Gamba

Daga Allah muke, kuma can za mu koma, mai gaskiya da mai ƙarya duka. Kawuna, wan mahaifiyata, ya riga mu ranar wata Laraba cikin bazarar bana, ana jiran ruwan shuka. Munka rufe shi bayan Azahar. Ƙasar maƙabarta ta yi tauri har sai da masu gina sunka riƙa karɓar juna.

Da munka dawo ƙofar gida anka shimfiɗa tabarmi, na zauna ina sauraren abin da mutanen Illela za su ce. Liman ya ce, "Bawan Allah, ba a taɓa jin shi da kowa ba." Na dube shi. Mutumin da ya kwashe damina huɗu yana zaryar kotu, har gidan yari ya kwana, shi ne ba a taɓa ji da kowa ba. Wani tsoho daga Lafani ya ce haƙuri ya kashe shi. Wani direba abokin zamana na tasha ya matso kusa da kunnena ya ce, "Haƙuri ko wauta?" Ni ma na taɓa faɗin haka, kuma a gaban idon mamacin na faɗa. Can gefe kuwa masinjan kotu ne, ya jingine kekenshi ga bango, ya rufe fuska da hula yana kuka kamar shi anka yi wa mutuwar.

Ana nan sai ga Fijo fara ta tsaya. Alhaji ya fito, ɗan ƙanen Kawu, taubashina ke nan. Ya sa anka sauke buhun shinkafa inda kowa zai gani, ya ɗaga hannu anka yi fatiha, sannan ya girgiza kai ya ce, "Allah shi jiƙan Baffa. Mutum ne mai bin doka."

Na tashi na zagaya bayan katanga na tofar da yawu.

Ni mai faci ne a tasha. Karatuna na yaƙi da jahilci ne, rubutuna kamar tafiyar kaza. Amma in ban rubuta ba, nan da shekara kaɗan abin da za a riƙe na Kawu shi ne maganar Liman da buhun Alhaji. Shi ya sa na zauna.

Kawu manomi ne, ba shi da wata sana'a. Dogo, siriri, mai ƙaramar murya. Ba ya cin goro, ba ya zaman majalisa, in ya gaishe ka sau ɗaya da safe ya gama da kai sai gobe. Abin da ya mallaka a duniya gona ce guda, arewa da gari, daidai inda wata 'yar hanyar daji ke ɓullewa Ƙwanni, can ƙetaren boda. Ciyawar gamba ce ta zagaye ta. Mu nan da gamba ake yin iyaka, kowa ya san tashi, ko makaho in ya shafa ya san ya zo ƙarshen gonarshi.

Gonar tana da labari, kuma Kawu ba ya gajiya da faɗinshi. Zamanin En'e wani ɗan hakimi ya ƙwace ta daga hannun kakanmu. Kakanmu ya kai ƙara, alƙali ya ce a mai da mashi abinshi. Kawu yana yaro lokacin, ya ce da idonshi ya ga ɗan hakimin ya kira barorinshi sunka fita, har takin da ya zuba ya bari a ciki. Ba dogari, ba sanda. Maganar alƙali kaɗai. Kullum in ya kai nan sai ya ɗaga yatsa ya ce, "Maganar alƙali ba ta da ƙafa. Mu ka yi mata ƙafa."

Muna yara mukan yi dariya. Ashe a kan wannan magana zai mutu.

Alhaji kuwa a hannun Kawu ya tashi. Ubanshi ya rasu yana rarrafe, bayan ya sai da nashi rabon gadon, wata fadama wajen Amarawa. Kawu ya yi mashi kaciya, Kawu ya yi mashi aure. Da soja sunka rufe boda, sai Allah ya buɗe mashi ta inda anka rufe wa kowa. Ya riƙa loda jarkokin fetur ta daji yana dawowa da kuɗin sefa. Kafin a ce mi ya sayi mota, ya je Makka. Sai ya ga yana son sito a bakin wannan 'yar hanya, ya zo ya ce Baffa ya sai mashi da gona. Kawu ya ce ba a sai da uwa. Alhaji bai sake zuwa ba. Sammaci ya aiko, wai ba a taɓa raba gado ba, gonar da haƙƙin ubanshi a ciki.

Ina kotu ranar zaman farko. Alƙali ya saurari kowa, ya ce, "Daga yau ba mai shiga gonar nan. Ba shuka, ba gini, ba kiwo, sai an yanke hukunci. Wanda ya saɓa ya raina kotu."

Kawu ya ce, "Na ji, Allah gafarta Malam."

Alhaji ma ya ce ya ji. Makon bai ƙare ba tifa ta juye yashi a tsakiyar gonar.

Daga nan Kawu ya samu sabuwar al'ada. In ya sallame Asuba sai ya taka har gona, ya tsaya a bakin gamba, yatsun ƙafarshi ba su ƙetare ba. Yana tsaye anka haƙa tushe. Yana tsaye bulo ya tashi, anka ɗora kwano, anka sa ƙofar ƙarfe. Leburori sukan ce, "Baba, shigo inuwa mana, rana ta yi." Sai ya ce, "An hana ni." Su yi dariya, shi bai ga abin dariya ba. In ya gama kallo sai ya juya ya kama hanyar Lafani, inda dangin matarshi sunka ba shi aron wata 'yar ƙeƙasasshiyar gona. Tsoho mai gonar kanshi, yana noman aro.

A wannan gonar aron yakan ware kunya kaɗan ya shuka geron kakanmu, mai doguwar zangarniya kamar hannun mutum. In kaka ta yi sai ya zaɓi mafi kyau, ya ɗaure dami guda, ya rataye a ɗakinshi inda hayaƙi ke kaiwa. Iri ne, na ranar da alƙali zai ce ya shiga. Kowace shekara sai ya sauke tsohon ya rataya sabo. A shekarar da yunwa ta shigo matarshi ta nuna damin ta ce, "Malam, yara ba su ci ba." Ya ce, "Wanga ba hatsi ba ne, gona ce." Ta tashi ta tafi tsinkar ganyen tafasa.

Sai maganar jaki. Kawu yana da wani tsohon jaki da ya shekara da shekaru yana kai taki gonar nan da bazara. Ko ba a kora shi ba ya san hanya. Wata safiya ya tsinke igiya, ya tafi abinshi, ya ratsa gamba ya shiga yana kiwo kusa da siton Alhaji. Kawu ya tsaya a baki yana kira, jaki bai kula ba. Masu gadi sunka fara jifar shi da ɓaraguzan bulo. Kawu ya ga za su karya mashi ƙafa, ya shiga ya kama kunnenshi ya jawo shi waje.

Washegari Alhaji da kanshi ya je kotu ya ce Baffa ya raina umarni.

Kafin a kira shari'ar na ja Kawu gefe na ce ya ce bai shiga ba, masu gadin nan ba wanda zai yarda ya dafa Alƙur'ani. Ya dube ni kamar na yi tusa a masallaci.

Alƙali ya ce, "Ka shiga ko ba ka shiga ba?"

"Na shiga, Allah gafarta Malam. Jakina na jawo."

"Ba ka san an hana ba?"

"Ni na sani. Shi ne bai sani ba."

Kotu ta kwashe da dariya. Kawu ba wasa yake ba, gaskiyarshi ya faɗa, amma alƙali ya ɗauka da shi ake. Ya haɗe fuska ya ce mako biyu a gidan yari, don ya zama darasi ga masu wasa da kotu. Ni ban san lokacin da na miƙe daga baya ba na ce, "Shi kuma siton, jaki ya gina shi?" Anka fitar da ni da ƙeya. Ta taga na ga masinja ya kama hannun rigar Kawu, yana jan shi yana sunkuyar da kai. Alhaji yana zaune yana gyara hula.

Da Kawu ya fito, ƙwarƙwata cike da riga, abin da ya fara yi shi ne ya ja jakin zuwa kara, kasuwar dabbobi, ranar Lahadi ya sai da shi. Wai ba zai riƙe dabbar da za ta sake sa shi saɓa wa alƙali ba. Matarshi ta ce, "Ka sai da wanda ya fi ku duka sanin mai gona."

Mu ma munka ce to, tunda akwai abin da ake kira raina kotu, ga sito nan tsaye, ba a ɓoye yake ba. Kawu ya shigar da ƙara. Alƙali ya ba da sammaci a kira Alhaji ya zo ya faɗi dalilin da ba za a hukunta shi ba. Nan na ga abin da har yau ban mance ba. Duk ranar da za a zauna, tun da sassafe Alhaji ya ƙetare, yana Ƙwanni yana shan shayi. Wa ke gaya mashi ranar, oho. Masinja ya je gida a ce ba ya nan, ya dawo yana zufa ya ce, "Allah gafarta Malam, ni kekena iyakarshi boda." A ɗaga zama. La'asar na yi sai ka ga Fijo ta shigo gari, ta bi ta ƙofar kotun tana hon. Mutumin da ke ratsa boda da jarka ɗari ba a gan shi ba, takarda guda ta kasa samun shi a garin da kowa ya san inda yake cin tuwo.

Na taɓa tare shi a tasha, tunda taubashina ne ina da bakin faɗa. Na ce, "Kai ɓarawon Makka, yaushe za ka amsa kiran alƙali?"

Ya yi dariya ya ce, "Bawana, ai kiran da yawa. In na gama amsa na kwastan sai in zo."

Anka canza alƙali, anka kawo wani. Anka sake canzawa. Kawu bai fasa zuwa ba, da wankakkiyar rigarshi guda, yana zaune a benci tun kafin a share kotun.

Ranar da Alhaji ya ga dama ya bayyana, kujera anka kawo mashi. Bai zo shi kaɗai ba, ya zo da mai unguwa. Mai unguwa ya tsuguna ya ce shi dai abin da ya sani a al'adarmu, gona ta mai noma ta ce. In ta shekara da shekaru ba a sa mata kalme ba, ta zama saura, kuma saura hukuma na iya ba wanda zai amfane ta. Ya ce a je a gani, sabara ta kai ƙugu, alamar mai ita ya sake ta.

Al'adar gaskiya ce, haka muka tarar. Amma wa ya hana a sa mata kalmen?

Kawu ya miƙe ya ce, "Allah gafarta Malam, kotun ga ce ta hana ni."

Sabon alƙali ya ce za a duba. Maganar raina kotu kuwa, ya ce a jingine ta sai an gama da asalin shari'a. Wato biyayyar da Kawu ya yi ita ce ta zama shaidar da za a ci shi da ita. Da ya yi kunnen ƙashi ya yi shukarshi kamar yadda Alhaji ya yi gininshi, da ba mai cewa saura.

A ranar na bi shi har zaure, kuma a ranar munka ɓata. Na ce zan tara mashi yaran tasha, ruwan farko na sauka mu yi gayya, kafin hantsi mun shuke gonar har gindin sito, in ya so alƙali ya ɗaure mu duka. Na ce, "Kawu, kai kaɗai ka tsoron kujerar da ba kowa bisanta."

Ya ce, "In na shiga, ni da shi mun zama ɗaya. Sai a rasa wanda anka zalunta."

Na ce, "To zauna a yi ta zaluntarka don a gane ka. Wanga ba haƙuri ba ne, wauta ce."

Ya nuna mani ƙofa. Ya ce, "Tashi ka ba ni wuri, ɗan ƙanwata."

Wata da watanni bai yi mani magana ba. Sai wata rana ina cikin aiki na ɗaga kai na gan shi tsaye bakin rumfata, ya turo keke tayar baya a kwance. Keken masinja ne. Masinjan da ya ja shi zuwa gidan yari. Ashe tun shekarar yunwa Kawu ke auna mashi gero daga ɗan abin da ya samu a gonar aro, don albashi ba ya fita kuma yana da 'ya'ya. Na ce, "Kawu, wanda ya kai ka kurkuku?" Ya ce, "Aike shi anka yi. Gyara mai. In keken ga ya mutu, wa za shi kai sammaci?"

Na gyara. Shiryawarmu ke nan, ba wanda ya ce wa wani yi haƙuri.

Ciwon ajalinshi bai daɗe ba. Ƙafafu sunka kumbura, ya daina iya zuwa bakin gamba, sai ya riƙa tambayar duk wanda ya shigo ko an sa ranar zama. Da ya ji jiki ya ƙi, ya kira babban ɗanshi ya kira ni. Ya nuna damin da ke rataye ya ce, "Ga iri nan. Kada ku shiga sai alƙali ya ce." Ɗan ya sunkuyar da kai.

Ranar sadakar uku munka wayi gari ƙasa jiƙe. Ruwan shuka ya sauka, gari duk ƙamshi, kowa na neman sungumi. Na shiga cikin gida in gaida matar Kawu, na tarar ɗan ya sauko da damin, sungumi a kafaɗa, idanu jajur. Ya ce yau zai shuka gonar ubanshi, wanda ya isa ya zo ya hana shi. Wallahi na so in ce mu tafi.

Tsohuwar tana zaune bakin ƙofar ɗaki cikin mayafin takaba. Ta ce, "Aje shi nan."

"Inna, ruwa ya sauka."

"Na ji shi, ba kurma nike ba. In ka shiga yau, ka ce wa garin ga ubanka wawa ne, ya kwana kurkuku a banza. Ba ka shiga."

"To sai yaushe? Sai alƙali ya ce?"

"Alƙali ba shi cewa. Na ba kotu miji, ba ni ƙara mata da ɗa. Ba ka shiga, kuma ba ka tsuhwa bakin gamba kana kallon sito. Kawo turmi."

Ba wanda ya motsa. Ta tashi da kanta ta kwance damin, ta kama zangarniyar nan dogaye tana karyawa tana jefawa a turmi. Matan gida sunka karɓa, anka sussuke, anka sheƙe, anka surfa, anka daka. Ɗan ya jingina sungumi ga bango ya zauna ƙasa yana kuka. Irin da Kawu ya hana 'ya'yanshi a shekarar yunwa, shi anka yi gumbar sadakarshi da shi. Geron kakanmu ya ƙare a turmi guda.

Da anka fito da ita a faifai ana rabawa, Alhaji na zaune kusa da Liman. Ya ɗauki dunƙule ya ci, ya miƙa hannu ya ƙara. Ya lashe yatsa ya ce, "Kai, wanga gero da gardi yake. Na ina ne?"

Na ce, "Irin gonar Baffanka ne. Cinye. Shi kaɗai ya rage ba ka sa wa hannu ba."

 Wasu sunka ce wasan taubasai ne. Alhaji ya san ba wasa ba ne, don ya riƙe ragowar a hannu ya kasa kaiwa baki, ya kasa ajewa. Masinja ya ɗauki nashi dunƙulen ya ƙulle a bakin riga, bai ci ba.

Shari'ar tana nan, an ce an ɗaga ta sai bayan kaka. Sito yana nan, an ƙara mashi ɗaki. Sabara ta wuce ƙugu. Ɗan Kawu yana noman aro a Lafani da irin kasuwa.

Allah shi gafarta wa Kawu, shi yalwata mashi kabari fiye da gonar da anka hana shi. Ya tafi inda Alƙali ba ya ɗaga zama, kuma in an aika kira, ba Ƙwannin da za a ƙetara.